Ƙafa Ɗaya Tak: Labarin Ƙaramin Dogon da Ya Haɗa Zariya da Jos

A takardun Turawan mulki sunansa Bauchi Light Railway, wato ƙaramin dogon Bauci, amma bai taɓa shiga garin Bauci ba. Daga Zariya ya tashi, ya bi ta Soba, Dutsen Wai, Kudaru, Rahama da Jengre, ya hau tsaunin Jos, ya tsaya a Bukuru. Tsawonsa mil 143 ne, kimanin kilomita 230. An soma shimfiɗa shi a 1911, aka gama a ƙarshen 1914, aka rufe shi a 1957. Idan aka ƙidaya daga lokacin da jirgi ya fara isa Bukuru, shekara 43 ya yi a duniya, shekarun da ko mutum ne ya rasu a kansu sai a ce ya tafi da sauran ƙarfinsa. Sunan Bauci kuwa ya samo shi ne domin a wancan zamani ƙasar Jos tana cikin Lardin Bauci. Sai a 1926 aka yanke ta aka yi Lardin Filato.

Mu da muka tashi a Tudun Wada, jirgin ƙasa maƙwabcinmu ne. Da ka haye Kubanni ka nufi Sabon Gari, tasha ce da gidajen ma'aikatan Reluwe a gabanka. Yaran unguwa sun san dogon Kano, sun san na Kaduna, sun san wanda ke tafiya Funtuwa da Gusau har Ƙaura Namoda. Na huɗun, wanda ya nufi kudu maso gabas, ya ɓace daga bakin mutane kamar yadda ya ɓace daga ƙasa. Na ga ya dace a tono labarinsa yanzu, domin abin da ya kashe shi ya sake kunno kai a Zariya cikin sabuwar riga.

Kuza ce ta kira shi

Tun kafin zuwan Turawa mutanen Liruwen Kano da Liruwen Dalma suna haƙar kuza, suna narka ta, suna zuba ta sirara-sirara kamar tsinke, fatake suna kai ta kasuwanni masu nisa. Waɗannan tsinkayen ne suka faɗa hannun ma'aikatan Kamfanin Neja a bakin Binuwai, suka bi sawunsu har tushe. A wajajen 1903 da 1904 Kanar Laws ya kafa sansanin kamfanin a Naraguta. Zuwa 1910 labarin kuzar Najeriya ya cika kasuwar hannun jari ta Landan, kamfanoni suka yi ta tsirowa, kowa yana neman fili.

Samun kuza bai zama matsala ba. Fitar da ita ce ta gagara. A ka ake ɗaukarta daga tsaunin zuwa Loko a bakin Binuwai, tafiyar kusan mil 200, daga nan a zuba ta a jirgin ruwa zuwa teku. Kayan ɗan dako ɗaya ba su cika wuce laba 60 ba, ke nan tan guda yana bukatar mutum kusan arba'in, kowannensu zai ci, zai kwana, zai kuma dawo. Injunan haƙa su ma ta wannan hanya suke hawa, a warware, a kan mutane. Da damina hanya ta ɓaci, da rani ruwan kogi ya janye. Kamfanoni suka matsa wa gwamnati lamba a yi musu dogo.

A daidai wannan lokaci babban dogon da Gwamna Girouard ya soma daga Baro a 1907 ya iso Zariya, ya wuce ya kai Kano a 1911. Zariya ta zama tasha mafi dacewa da za a yanko reshe daga gare ta zuwa filin kuza. Abin da ya rage shi ne a yanke shawara kan irin dogon da za a shimfiɗa.

Abin da ake nufi da faɗin dogo

Dogo ƙarafa biyu ne masu tafiya kafaɗa da kafaɗa, kuma tazarar da ke tsakaninsu ita ce ke ƙayyade irin jirgin da zai hau. Ƙafafun tarago a kafe suke a kan sandarsu, ba sa matsowa, ba sa buɗewa. Taragon da aka ƙera don wani faɗi ba zai hau wani faɗin ba, ko da bambancin bai wuce taki ɗaya ba.

Babban dogon Baro zuwa Kano, da na Legas da ya haɗe da shi a Minna, faɗinsu ƙafa 3 da inci 6 ne, wato milimita 1,067. Ƙaramin dogon Bauci an yi shi ƙafa 2 da inci 6, milimita 762. Bambancinsu ƙafa ɗaya ce tak.

Waɗanda suka zaɓi ƙaramin suna da hujja, kuma adalci ne a faɗe ta. Siririn dogo yana iya karya kwana mai tsanani, don haka yana zagaye dutse maimakon a fasa shi, yana bin gefen kwari maimakon a cike shi. Ƙarafansa ba su da nauyi, gadojinsa ƙanana ne. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga hanyar da za ta tashi daga Zariya, mai tudun mita ɗari shida da ɗoriya bisa teku, ta hau Jos mai mita kusan 1,200. Gwamnatin Arewa kuma matalauciya ce a lokacin, da tallafin baitulmalin Ingila take cike giɓin kasafinta. Ga shi babu wanda ya san ko kasuwar kuza za ta ɗore ko guguwa ce mai wucewa. Bugu da ƙari akwai kaya a ajiye: Gwamna Lugga ya taɓa shimfiɗa ɗan ƙaramin dogo mai wannan faɗin tun 1901, wanda ya haɗa Zungeru da Wushishi da Barijuko a bakin kogin Kaduna. Da babban dogo ya zo, aikin wancan ya ƙare, sai aka kwaso kawunan jiragensa aka kawo wa sabon layin. Ke nan tun ran haihuwarsa da kwancen wani aka suturta shi.

Akwai kuma wata araha da ba a cika rubutawa a littafin lissafi ba. Dogayen Arewa na wancan zamani da ƙarfin talakawa aka yi su, waɗanda Turawa ke nema ta hannun sarakuna, sarakuna su rarraba wa hakimai, hakimai su ɗora wa dagatai. Mutum ya bar gonarsa ya tafi aikin diga na makonni, ana biyansa ɗan abin da aka ga dama, ba kuwa da son ransa ya je ba. Girman abin a idon mutanen lokacin ya kai har Sarkin Zazzau Aliyu Ɗansidi, wanda ya hau gadon sarauta a 1903, ya tsara waƙa a kan aikin dogo, wadda aka sani da Waƙar Diga. Duk wanda ya ce dogon nan ya yi araha, to wani ne ya biya cikon da guminsa.

A 1912 layin ya kai Rahama, kusan mil 90 daga Zariya. Daga nan aka ci gaba da hawa a hankali, har ya isa Bukuru a watan Disamba na 1914.

Sauke nan, ɗora can

Ƙafa ɗayan nan a tashar Zariya ake biyan kuɗinta, kullum, buhu bayan buhu. Kuzar da ta sauko daga Bukuru ba ta wucewa Legas a taragon da ta zo ciki. Dole a sauke ta, a ɗora a babban tarago. Injin da ya taso daga teku zai hau tsauni, shi ma dole a sauke shi, a ɗora a ƙarami, in kuwa ya fi ƙarfin ƙaramin tarago sai a warware shi. Kowane sauyi yana cin lokaci, yana cin ladan leburori, yana jawo fashewar buhu da ɓatan kaya. Idan kan jirgi ya lalace a ƙaramin layi, ba a iya aro daga babba. Komai sai an tanadi nasa daban: taragai, kayan gyara, makanikai.

Kakana na wajen uwa fataucin hatsi ya yi, yana saye a kasuwannin ƙasar Zazzau yana kai wa masu aikin kuza, domin tsaunin bai taɓa noma abin da zai ciyar da dubban baƙin da suka taru a kansa ba. Ban riske shi da ƙarfinsa ba, amma na riski labaransa a bakin mahaifiyata. Abin da ya fi maimaitawa game da ƙaramin jirgi shi ne nawarsa a hawan Jengre, da yadda sanyi ke shigo wa mutum tun bai ga Jos ba. Takan ce yana kiran tashar Zariya wurin da kaya ke canza riga. A ganinsa wannan alheri ne, domin 'yan dako da yawa a Tudun Wada da Sabon Gari da sauke-ɗoran nan suke ci da iyalinsu. Gaskiyarsa ce. Sai dai abin da yake abinci ga ɗan dako, hasara ne a littafin mai kuza, kuma mai kuza shi ne wanda aka yi dogon dominsa. Ranar da ya sami hanyar da ba ta bukatar sauyi, ba zai waiwayo ba.

Unguwarmu kanta tana da alaƙa da wannan zirga-zirga. Turawa sun ware Sabon Gari don ma'aikata da 'yan kasuwar da suka zo daga kudu, suka ware Tudun Wada don baƙin Arewa waɗanda ba 'yan cikin birni ba. Mahaɗar jiragen ita ta jawo yawancin waɗannan baƙi. Idan aka bi asalin tsofaffin gidajen unguwar, za a tarar da Kanawa, Katsinawa, Nufawa da Barebari, da yawansu neman abinci a gefen dogo ne ya zaunar da kakanninsu.

Shekarar 1927

Mutuwar ƙaramin dogon ta soma ne daga nesa. An gano kwal a Udi a 1909, aka shimfiɗa dogo daga Fatakwal zuwa Inugu a 1916 don fitar da shi. Daga baya aka miƙa wannan layin gabas zuwa arewa, ta Makurɗi da Kafanchan, ya haɗe da babban layi a Kaduna. A 1927 aka yanko reshe daga Kafanchan ya hau tsaunin ya shiga Bukuru da Jos, mai faɗin ƙafa 3 da inci 6 kamar sauran. Mil goma na ƙarshe na ƙaramin dogon, tsakanin Jos da Bukuru, sai aka faɗaɗa su aka haɗa da sabon. Ƙaramin ya koma mil 133, daga Zariya zuwa Jos.

Lissafin a fili yake. Daga Jos zuwa Legas ta Zariya tafiyar kusan kilomita 1,200 ce, da sauyin tarago a tsakiya. Daga Jos zuwa Fatakwal ta Kafanchan kimanin kilomita 840 ce, kuma bayan an buɗe gadar Makurɗi a 1932 tarago ɗaya ke ɗaukar kaya daga bakin rami har bakin teku. Taragon da ya sauka da kuza kuma yana dawowa da kwal ɗin Inugu. Shekara goma sha uku kacal bayan kammala shi, ƙaramin dogon ya rasa kayan da aka haife shi don ɗauka.

Bai mutu nan take ba. Ya ƙara shekara talatin yana ɗaukar fasinja, hatsi, auduga, gyaɗa da ƙananan kayan fatake tsakanin garuruwan da ke kan hanyarsa. A iya cewa a waɗannan shekaru ne ya zama na mutanen ƙasa. Amma kuɗin da irin wannan kaya ke kawowa ba ya riƙe layin da komai nasa na daban ne. Kawunan jiragensa suka tsufa, sabunta su kuma yana nufin a yi odar abin da ba zai yi amfani a ko'ina cikin ƙasar ba sai nan. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu manyan motoci suka yawaita, suna ɗaukar buhu daga ƙofar gona su kai ƙofar kanti. A 1955 aka mayar da Reluwe hukuma mai cin gashin kanta, wadda ake sa ran ta riƙa duba riba da hasara. Bayan shekara biyu ta rufe layin, aka tattare ƙarafan.

Shekara ɗaya bayan haka, a 1958, Najeriya ta karɓi bashinta na farko daga Bankin Duniya, dala miliyan 28, don ayyukan dogo, musamman miƙa layi daga Kuru kusa da Jos zuwa Barno. Wannan layin ne ya shiga garin Bauci a 1961, ya kai Maiduguri a 1964. Jirgi ya isa Bauci shekara huɗu bayan an binne dogon da ke ɗauke da sunanta. Abin da ya rage na ƙaramin a yau shi ne ɗan abin da aka adana a gidan tarihi na Jos, da garuruwan da ya raya, waɗanda yanzu mota ke bi ta cikinsu.

Da an yi shi da faɗin sauran

Tambayar da na daɗe ina juyawa ita ce: da an ƙara wannan ƙafa ɗaya tun 1911, da layin ya rayu? Kuza dai ko ta yaya za ta koma hanyar Fatakwal, domin ta fi kusa. Amma dogo mai faɗin sauran ba ya dogara da kaya iri ɗaya. Da ya zama gajeriyar hanya tsakanin Kano, Gusau da Zariya a gefe guda, da Jos, Bauci, Gombe da Maiduguri a ɗaya gefen. Bayan rufe shi, taragon da zai tashi daga Zariya zuwa Jos sai ya gangara Kaduna, ya bi ta Kafanchan, sannan ya hauro, tafiyar da ta ninka ta da kusan sau biyu. Zaɓin da ya rage kuɗin gini a shekara uku shi ya hana layin samun wani aiki a sauran rayuwarsa. Hausawa suka ce araha ba ta ado.

Ba mu kaɗai muka sha wannan ba. Ingila kanta ta yi fama da dogo iri biyu, har majalisarta ta yi doka a 1846 don tsayar da faɗi ɗaya, kuma sai a 1892 aka gama tsuke layin ƙarshe na mai faɗin. A kudancin Amurka, a ƙarshen Mayu da farkon Yuni na 1886, cikin kwana biyu aka matso da ƙarfen dubban mil na dogo don ya dace da na arewacin ƙasar. Indiya ta ƙaddamar da shirin mayar da layukanta faɗi ɗaya a 1992, tana kai har yanzu. Saliyo kuwa, wadda dogon gwamnatinta mai ƙafa 2 da inci 6 ne irin namu na Bauci, ta rufe shi a 1974. Waɗanda suka haɗe layukansu sun biya kuɗi mai yawa sau ɗaya. Waɗanda suka bari suna biya kullum har layin ya mutu.

Zariya za ta sake zama mahaɗar faɗi biyu

Dalilin da ya sa labarin nan ya wuce hirar tsofaffi shi ne abin da ake ginawa yanzu. Sabon dogon Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016, da na Legas zuwa Ibadan na 2021, faɗinsu milimita 1,435 ne, wanda yawancin duniya ke amfani da shi. Na Kaduna zuwa Kano, wanda zai ratsa ƙasar Zazzau, da na Kano zuwa Maraɗi ta Daura da Katsina, duk a 2021 aka ƙaddamar da aikinsu, duk kuma a kan wannan faɗin. Zaɓi ne mai kyau ga sauri da nauyin kaya, ba ni da ja a kansa.

Sai dai tsohon layi mai milimita 1,067 yana nan. Reshen Zariya zuwa Ƙaura Namoda a kansa yake, haka na Kano zuwa Nguru. Layin Fatakwal zuwa Maiduguri, wanda ya haɗa da Kafanchan da Jos, an yanke shawarar gyara shi ne a kan tsohon faɗinsa. A ƙetaren iyaka kuma, dogon da kamfanin Bolloré ya shimfiɗa daga Yamai zuwa Doso, kimanin kilomita 140, faɗinsa mita ɗaya ne, kuma tun da aka yi bikin buɗe shi a 2016 bai yi jigilar kasuwanci ba. Ke nan a ƙasar Hausa da kewayenta muna dab da samun faɗi uku, babu wanda taragonsa zai hau na wani.

Idan sabon layi ya fara aiki, buhun masarar da aka ɗora a Funtuwa ko Gusau zai iso Zariya a tsohon tarago, ya tarar da sabon da ba zai iya shiga layinsa ba. Ɗan kasuwa ba zai jira a sauke a ɗora ba, tirela zai kira tun daga gona. Daga nan reshen Ƙaura Namoda zai shiga halin da ƙaramin dogon Bauci ya shiga bayan 1927: yana nan a taswira, babu isasshen kaya, babu dalilin kashe kuɗin gyara, har ranar da wani zai sa hannu a takardar rufewa, ko ma ɓarayin ƙarfe su riga shi.

Akwai hanyoyin kauce wa haka, kuma injiniyoyi sun san su. Ana iya shimfiɗa ƙarfe na uku domin layi ɗaya ya ɗauki jirage iri biyu. Ana iya gina tashar sauyin kwantena da injin ɗaga kaya, yadda sauyin zai ɗauki mintuna maimakon yini. Ana iya tsara faɗaɗa rassan ɗaya bayan ɗaya, da kasafi da wa'adi. Kowanne yana da tsadarsa, kuma kowanne ya fi sauƙi idan an yanke shi tun ana zane.

Mu da muke zama a ofisoshi, majalisu, jami'o'i da ɗakunan labarai, mun saba tambayar nawa aka kashe da kuma yaushe za a buɗe. Tarihin dogon Zariya zuwa Jos ya ƙara mana tambayoyi uku da ya kamata a yi wa duk mai kawo zanen sabon layi: me zai ɗauka idan kayan da aka yi shi dominsu suka canza hanya, da wane layi zai haɗu ba tare da an sauke kaya ba, kuma mece ce makomar garuruwan da ke kan tsohon. A 1911 ba a tambayi mutanen Soba da Kudaru ba, aikin diga kawai aka kira su. A wannan karo akwai zaman jin ra'ayin jama'a, akwai wakilai a majalisa, akwai ƙungiyar injiniyoyi da ta 'yan kasuwa a Zariya da Kano da Katsina, kuma har yanzu ba a gama shimfiɗa ƙarafan ba.